Boka a fim bai taɓa yin ƙarya ba

Tambaya ɗaya nake da ita ga duk wanda ya taso yana kallon finafinan Hausa, tun zamanin kaset har zuwa yanzu da komai ya koma siris a YouTube. Ka taɓa ganin fim ɗin da mace ta je wajen boka, ta zube kuɗinta, ya ba ta ƙulli, ta dawo gida ta barbaɗa a miyar maigida, sannan shiru kake ji? Maigida ya share tuwonsa tas, ya yi gyatsa, ya ce Allah ya yi albarka, gari ya waye ya ci gaba da rawar ƙafa a kan amaryarsa yadda ya saba? Ni dai ban taɓa gani ba wallahi. A fim ɗinmu aikin boka sha yanzu magani yanzu ne, loma ɗaya mutum zai kai baki sai ka ji kiɗa ya canza, ya dafe kai, ya ɗago da jajayen idanu, shikenan ya manta uwar da ta haife shi.

Sin ɗin ma duk mun haddace shi. Kogon dutse ko wata bukka a daji, jan ƙyalle da baƙi, ƙwarya, ƙaho, madubi, hayaƙi, sai wani ƙato da aka shafa wa gawayi a fuska yana ɓaɓɓaka dariya ba gaira ba dalili. Kafin ta buɗe baki ya ce ya san abin da ke tafe da ita. Kuma ya sani ɗin fa! Ya leƙa ƙwarya ya hango kishiyar tana tankaɗe a tsakar gida, tar da ita, har da kalar zanin da ta ɗaura. Sai ya kafa sharaɗi, sai aiki ya ci, mallaka ce ko farraƙu ko kurciya, duk wanda aka biya kuɗinsa sai ya kama.

In ka yi wa darakta magana zai ce maka ai faɗakarwa muke yi, ba ka ga ƙarshenta ba ne? Na gani. Asiri ya karye, ta haukace tana bin bola, ko ta zo tana kuka tana neman gafara. To amma mu yi lissafi tsakani da Allah. Fim na awa biyu, awa ɗaya da minti hamsin asiri yana aiki yadda ake so, miji ya zama bawa, kishiya ta bar gida, dukiya ta dawo hannu, sai a minti goman ƙarshe a ce Allah ya saka. Matar da take zaune tana kallo, wadda a daren nan mijinta ya gaya mata zai ƙara aure, cikinta na tafasa, wane darasi kake jin ta ɗauka? Abin da ya zauna mata shi ne abun nan fa yana ci, ita waccan sakaci ta yi ta karya sharaɗi. Da a ce bokaye suna biyan kuɗin talla da masu fim sun daɗe da yin arziki.

Kafin wani ya taso min, ban ce babu sihiri ba, ban ce babu aljanu ba. Musulmi ne ni, Alƙur'ani ya ambaci sihiri, aljanu kuma sura guda gare su, ga Falaƙi da Nasi muna karantawa safe da yamma. Sai dai addinin nan dai shi ne ya hana camfi, shi ne ya ce a nisanci yawan zato, kuma hadisi ya tabbata cewa wanda ya je wa ɗan duba ya tambaye shi ba a karɓar sallarsa ta kwana arba'in. Mafi yawan masu zama da jan ƙyallen nan 'yan damfara ne, kowa ya sani, suna da yaran da ke bi musu labarin mutane a unguwa su kawo musu. To ina wannan bokan yake a fim? Sai dai a fim ɗin barkwanci, a yi dariya a wuce. In dai fim ɗin da gaske ake yi, boka mai gaskiya ne.

Abin da ya fi damuna ma ba bokan ba ne, zargin ne. A fim ɗinmu in aka zargi mutum to shi ɗin ne. In jaruma ta ce wallahi kishiyata ce ta yi min, za a nuna maka ita ce. In aka ce tsohuwar can mayya ce, jira kaɗan za ka gan ta da daddare tana lasar baki. In aka ce amarya farar ƙafa gare ta, ranar da ta tare shagon ango zai ƙone. Mai kallo ya saba, kullum zuciyar mai zargi ce take fitowa da gaskiya, to in ya koma gida tasa zuciyar ta raya masa wani abu game da maƙwabcinsa me zai hana ya yarda da ita?

Muna yara akwai wata tsohuwa a layinmu, can wajen unguwar Gangare a Jos, tana sayar da daddawa da ƙuli. Idanunta jajaye ne kullum, kuma duk wanda ya san aikin daddawa ya san dalili, kwana ake ana dafa kalwa a kan itace, hayaƙi ne ya cinye mata ido. Ba ta da ɗa a kusa, ba ta da mai tsaya mata. Wani yaro ya kwanta zazzaɓi mai zafi yana sambatu, a cikin sambatun ya ambaci sunanta, yaron da kullum ita ake aikensa wajenta sayen daddawa, sunan wa zai kira? Kafin la'asar an cika ƙofar ɗakinta, wai sai ta zo ta tsallake shi ta sakar masa kurwa. Ta zo tana kuka ta tsallaka, don in ta ƙi ma ta san abin da zai biyo baya. Washegari kawun yaron ya ɗauke shi ya kai asibiti aka ce maleriya ce ta hau masa kai, aka yi allurai aka sa ruwa ya tashi. Sai unguwa ta ce kun gani ko, tana tsallakawa ya warke. Ba wanda ya ƙara sayen daddawarta. Mu kanmu in mun zo wucewa ta ƙofarta da gudu muke yi muna tofa yawu a cikin riga. Daga baya ta tattara ta bar unguwar.

Shi ya sa lokacin da na kalli Yaaba, fim ɗin Idrissa Ouedraogo na Burkina Faso da ya fito a 1989, jikina ya yi sanyi. Labarin wata tsohuwa ce da ƙauye ya kora bayan gari ana ce mata mayya, rumbu ya ƙone an ce ita ce, yarinya ta kwanta ciwo an ce ita ce, sai wani yaro Bila ya ƙulla abota da ita yana kiranta kaka. Ba wuta daga ido, ba ɓacewa, ba komai. Kyamara tana kan mutanen ƙauyen ne, yadda suke gulma, yadda kowa yake da nasa abin kunyar da yake ɓoyewa amma an haɗu a kan tsohuwa. Abin tsoron da ke cikin fim ɗin su ne. Fim ne da aka yi shi a ƙauye irin namu, da rumbu da tulu da jar ƙasa, kuma ya je har bikin finafinai na Cannes a Faransa ya samo kyauta. Wato ba kuɗi ne ya hana mu ba.

Kuma kar a ce ai fim ne kawai. 'Yan Kudu sun ga abin da ya biyo bayan irin wannan. A 1999 aka fitar da End of the Wicked, na kamfanin fim ɗin cocin Helen Ukpabio, inda aka nuna ƙananan yara suna tashi cikin dare suna zuwa taron mayu suna cin naman mutane. Masu kare haƙƙin yara sun daɗe suna cewa fim ɗin ya ƙara rura wutar zargin yara da maita a Akwa Ibom da Kuros Riba, ita kuma ta musanta. Abin da ba a musu a kansa shi ne an kori yara daga gidajen iyayensu, an ƙona wasu, an azabtar da wasu, har tashar Channel 4 ta Ingila ta yi shiri a kai a 2008, kuma a shekarar jihar Akwa Ibom ta sa hannu a dokar da ta haramta jifan yaro da maita. Tun kafin nan ma Living in Bondage na 1992, wanda ake cewa shi ya buɗe kasuwar Nollywood, labarin Andy ne da ya ba da matarsa Merit ga ƙungiyar asiri don ya yi kuɗi, fatalwarta ta hana shi sakat. Fim ɗin ya sayu, sai kowa ya bi layi, shekara da shekaru ana ta kuɗin jini kuɗin jini. Yau saurayi ya yi mota a unguwa kafin a tambayi sana'arsa an fara ƙirga waɗanda suka mutu a danginsu.

Amma a Nollywood ɗin dai aka yi fim ɗin da nake ganin ya fi kowanne fahimtar wannan magana, The Figurine na Kunle Afolayan, 2009. Wanda bai kalla ba ya yi haƙuri zan fasa ƙwai. Abokai biyu ne, Sola da Femi, suna bautar ƙasa suka tsinci wani gunki a wani tsohon wurin tsafi a daji, gunkin Araromire, wanda aka ce duk wanda ya taɓa shi zai samu shekara bakwai ta alheri sannan shekara bakwai ta masifa. Sola ya ɗauke shi ya tafi da shi gida. Abubuwa suka buɗe musu, aiki, kuɗi, aure, lafiya. Shekara bakwai na cika komai ya fara zubewa, a jefar da gunki a dawo a same shi a gida. Kai mai kallo ka gama sallamawa, don an riga an horar da kai, gunki ne, me kuma ya rage. Sai a ƙarshe a juya maka tabarma: Femi, wanda Ramsey Nouah ya fito a matsayinsa, tun suna makaranta yake mutuwar son Mona, matar da Sola ya aura, kuma da hannunsa a cikin abubuwan da ake ta ɗora wa gunkin. Ya san sun yarda da labarin, sai ya hau kan yardar tasu ya yi aikinsa. Duk da haka Afolayan bai rufe ƙofa ruf ba, ya bar wasu abubuwan da za ka ce to wannan kuma fa, waye ya yi? Sai ka tashi kana gardama da wanda kuka kalla tare. Fim ɗin ya ci kyautar gwarzon fim a gasar finafinan Afirka ta AMAA ta 2010. Abin da ya burge ni shi ne ya haɗa abu biyun a wuri ɗaya, camfin wasu da kuma son da ya zame wa wani ciwo, ya nuna yadda na biyun yake cin abinci da na farkon.

Mu da Indiya kuwa sai Allah. Yayyenmu har yau suna ba da labarin silimomin Kwararafa da Rex na Jos, yadda ake cika silima in an sa fim ɗin macijiya, Nagin na 1976 ko Nagina na 1986 da Sridevi take rawa Amrish Puri yana busa mata. Bayan an tashi ba mai yarda ya taka igiya a hanya. Har yau akwai masu rantsuwa cewa in ka kashe maciji hotonka yana zama a idonsa matarsa ta biyo ka, kuma in ka bi salsalar maganar a wajen yawancinsu daga allon silima ta fito. Su ma Indiyawan sun yi nasu na juya tabarma. Bhool Bhulaiyaa na 2007, wanda aka sake yi daga wani fim ɗin Kudancin Indiya na 1993, gida ne babba da ɗakin da aka kulle saboda fatalwar wata mai rawa, Manjulika. Amarya ta buɗe ɗaki, abubuwa suka fara faruwa, dangi suka tattara zargi suka ɗora wa wata yarinya da ba ruwanta. Sai Akshay Kumar ya zo a matsayin likitan ƙwaƙwalwa ya gano amaryar ce da kanta, Vidya Balan, take da lalurar da ke sa mutum ya koma wani daban bai sani ba. Abin da na so a ciki, likitan bai tsaya yi wa dangin gorin jahilci ba, da malamin addininsu ya haɗa kai aka yi maganin. Abin da ban so ba, an warkar da ita a dare ɗaya da wasan kwaikwayo, wanda duk mai ɗan'uwa da ke karɓar magani a sashen masu taɓin hankali ya san ba haka abin yake ba, wata da watanni ne, wani ma shekaru.

Sai Darr, 1993, na Yash Chopra. Nan ne maganar so ta shigo. Shah Rukh Khan ya fito a Rahul, yana bin Kiran a ɓoye, yana kiranta a waya yana in'ina a kan sunanta, yana hira a waya da mahaifiyarsa da ta daɗe da rasuwa, har ya sa wuƙa ya rubuta sunan yarinyar a ƙirjinsa. Mara lafiya ne tuburan, fim ɗin bai ɓoye ba, kuma shi ne bos. Amma wa 'yan kallo suka so? Shi. Sunny Deol da yake jarumin ma sai da ya ji haushin yadda aka yi da rol ɗinsa, suka yi shekaru ba sa ga maciji da juna. Mu kuma nan muka kwaso wannan ɗabi'ar muka wanke ta muka sa mata sunan naci. Yarinya ta ce ba ta so, ya tare ta a hanyar islamiyya, ta canza layi ya nemo sabon, ya kwanta ciwo a ce ciwon so ne, abokai su zo su ce za ki kashe shi, in ba ke ba sai rijiya, a yi waƙa a gona mai furanni, ƙarshe ta gane ashe shi ne masoyinta na gaskiya. A Darr aƙalla an nuna yarinyar tana firgita in waya ta yi ƙara. A namu ba a cika nuna wannan ɓangaren ba, alhali ka tambayi 'yan matan gidanku, kusan kowace tana da labarin wani da ya ƙi jin a'a, kuma ba waƙa take ji ba in ta hango shi a bakin layi.

Hitchcock ya yi irin wannan tun 1958 a Vertigo, ɗan sandan da ke tsoron bisa, ya so wata mata, ya ɗauka ta mutu, ya samu mai kama da ita ya dinga tilasta mata kaya da kalar gashi irin na waccan. Don ya sa ka ji jirin da mutumin yake ji sai aka ja kyamara baya ana zuƙo hoton gaba a lokaci guda, matattakala ta miƙe a idonka. Ba dodo ko ɗaya a fim ɗin.

Wannan dabarar ta ɓoye abin tsoro ita ce muka kasa koya. Jaws na Spielberg, 1975, kifin shak ɗin roba da injin da suka ƙera ya dinga lalacewa a ruwan gishiri, dole ta sa aka rage nuna shi, sai kiɗan John Williams da ƙafafun masu wanka daga ƙasan ruwa. Lalacewar injin ce ta gyara fim ɗin. Mutane suka ƙaurace wa bakin teku, aka bi kifayen da kisa, har Peter Benchley da ya rubuta littafin ya koma kare su a ƙarshen rayuwarsa. Alhali mutanen da shak ke kashewa a duk duniya a shekara ba su cika wuce goma ba. Maciji yana kashe dubun dubata, ka je Zamko can wajen Langtang lokacin girbi ka ga masu saran kububuwa. Maleriya tana kashe wajen mutum 600,000 a shekara, kuma Najeriya ce ke kan gaba a wannan lissafin, amma ba wanda ya taɓa fasa ihu a silima don an nuna sauro. Mu kuma in za mu nuna aljani sai edita ya sa masa koren wuta a ido ya ɓace ɓat ya bayyana a kan katanga, yara su yi ta dariya, tsoron bai samu ba, camfin kuma ya zauna daram.

Ni kaina akwai wanda ya kama ni. Tunda na kalli Final Destination 2 na 2003, sin ɗin motar gungumen nan da sarƙa ta tsinke, in muna gangara Hawan Kibo za mu Abuja muka samu kanmu a bayan tirela sai na ji ƙafata tana taka birkin da babu. Ko da yake wannan kam ba zan kira shi tsoron banza ba, duk wanda ya san Hawan Kibo ya san tirela tana tsinkewa a wajen.

Nan ne ma abin yake da ɗan sarƙaƙiya, don ba kowane camfi ne aka ƙirƙira don mugunta ba. Jos cike take da kududdufan da Turawan haƙar kuza suka bari, daga Rayfield zuwa Bukuru zuwa Barikin Ladi. Iyayenmu sun ce mana akwai 'yan ruwa a ciki, suna jan ƙafar yaro. Gaskiyar ita ce ramin ma'adini ne, gefensa a tsaye yake, taku biyu ka zurma, ruwan ƙasan sanyi ƙarara ga laka mai riƙe ƙafa. Uwa ta san in ta tsaya yi wa ɗan shekara bakwai bayanin zurfi ba zai ji ba, sai ta ce aljani. Haka kar a zauna a dokin ƙofa, kar a yi shara da dare, kar a watsa ruwan zafi a tsakar gida, in ka duba yawancinsu akwai hikima a ƙasa, a zamanin fitilar aci-bal-bal in ka yi shara da dare har 'yan kunnen uwarka sai ka kwashe ka zubar. Matsalar tana farawa ne in yaron ya girma ba wanda ya dawo ya gaya masa dalilin, sai ya rungumi aljanin ya yar da hikimar, sannan fim ya zo ya buga masa hatimi.

Kuma mu mutanen Jos ai ba sai an koya mana yadda tsoro ke yaɗuwa ba. Tun rikicin Satumban 2001 muka san abin da ake kira gudu. Kana kasuwar Terminus kana ciniki sai ka ga mutum ɗaya ya zo a guje, kafin ka ƙifta ido an fara jan ƙofofin shaguna, masu keke suna juyawa, mata sun yar da kaya, waya ta ɗau zafi, ana ta ina yara, ina yara. Awa ɗaya bayan nan a ce ai ɓarawon waya aka biyo. Ba wauta ba ce, mutanen da suka ga abin da muka gani dole jikinsu ya riga hankalinsu gudu. Amma ka ga fim a nan, fim na gaske, yadda unguwa guda za ta kwana a tsaye saboda saƙo ɗaya da ba wanda ya san wanda ya fara turo shi. A 2011 an ce akwai lambar da in ta kira ka ka ɗauka sai mutuwa, har sai da hukumar sadarwa ta ƙasa, NCC, ta fito ta ƙaryata. A watan Agustan 2014 lokacin Ebola, wa bai samu kiran asuba ba a ce ya tashi ya yi wanka da ruwan gishiri ya sha? Jaridu sun ruwaito mutum biyu sun rasu a nan Filato saboda gishirin, a jihar da cutar ba ta ma shigo ba. A 2023 kuma Abuja ta rikice da maganar satar mazakuta, a gaisa da mutum ya kurma ihu a taru a lakaɗa wa bawan Allah duka, a je asibiti likita ya ce komai na nan lafiya, har 'yan sanda suka fara gurfanar da masu ihun a kotu.

Wannan na ƙarshen yana tuna min Xala na Ousmane Sembène, ɗan Sanagal, 1975. Wani Alhaji ɗan kasuwa ya auri ta uku, daren farko ya tarar an ɗaure shi, sai ya shiga bin malaman tsibbu ɗaya bayan ɗaya, yana zargin uwargida yana zargin ta tsakiya, kasuwa tana lalacewa yana can yana neman magani. Wani ya kwance shi, ya biya da cekin da ba kuɗi a asusun, aka mayar masa da kayansa. Sembène bai tsaya gardamar ko asiri gaskiya ne ko ƙarya ba, abin da ya dame shi shi ne mutumin, da waɗanda ya zalunta ya manta da su yana neman maƙiyi a cikin gidansa.

Akwai kuma tsoron da ba ya fita waje, wanda mutum ke fama da shi shi kaɗai. A The Aviator na 2004 DiCaprio ya fito a Howard Hughes, attajirin Amurka mai jiragen sama, yana wanke hannu har ya fashe da jini, ya tsaya a banɗaki ya kasa taɓa mariƙin ƙofa. Ina kallo ina tuna wani bawan Allah a masallacinmu da yake fara alwala tun kiran farko har a tayar da salla bai gama ba, ga sanyin Jos na Disamba, hannunsa duk ya tsage, in ya shiga sahu kuma ya yi ta maimaita kabbara har liman ya yi ruku'u. Yara suna dariya, manya suna cewa waswasi ne ya yi ta'awwuzi. Malamai sun yi bayanin waswasi, sun ce kar a biye masa, likitoci kuma suna da magani da zaman shawara da ake yi wa mai irin wannan lalurar, biyun ba sa karo da juna. Haka dannau, ƙwaƙwalwa ce take kashe motsin jiki lokacin mafarki sai mutum ya farka kafin jikin ya saki. Haka farfaɗiya, da har yau ake gudun mai ita wai yawunsa na yaɗa ta, alhali ba ta yaɗuwa, abin da yake buƙata a kwantar da shi ta gefe a kawar da abin da zai ji masa ciwo. Duk waɗannan in sun shigo fim ɗinmu ta ƙofa ɗaya suke shigowa, an yi masa jifa, kuma ga wadda ta yi.

Abin haushin, a garin nan na Jos Hukumar Finafinai ta Najeriya take, wadda aka kafa a 1979, a nan makarantar koyon fim ta ƙasa take, ga kwalejin talabijin ta NTA a Rayfield, ga duwatsun Shere da hazo da kududdufai, lokeshan kyauta. Na taɓa zama da wani ƙanena da ya karanci harkar na ce masa ga labari, mata biyu gida ɗaya, ɗan uwargida ya fara faɗuwa yana kumfa, ta tabbatar wa kanta amarya ce, ta sayar da 'yan kunne da keken ɗinki tana bin masu magani, ta daina cin abincin gidan, ta hana yara gaisawa, ta fara tono a tsakar gida tana neman abin da aka binne, kuma har fim ya ƙare kar a nuna amaryar ta yi komai banda wanke-wanke da kuka. Ya ce Yaya labarin ya yi, amma wa zai zuba kuɗi? Ya ce a YouTube hoton da ke kan bidiyo shi ke jawo dannawa, in ka sa boka da jan ƙyalle da mace tana zare ido ka ga mutane, in ka sa mace zaune ta yi tagumi sai su wuce, kuma furodusa da yawan masu kallo ake biyansa. Na ce to a sa bokan a hoton mana, ai tana zuwa wajensa a labarin, kawai dai aikin ne ba zai ci ba. Ya yi dariya ya ce in aka kai episod na biyar asiri bai kama kowa ba 'yan kallo da kansu za su fara zagin darakta wai ya raina musu hankali. Mun dai rabu a kan zai rubuta episod na farko ya turo min, ni kuma in nemo wanda zai ba mu aron gida a Rikkos na sati biyu.